Mani: mutumin Babila da maƙiyansa suka rubuta tarihinsa

Idan Bahaushe ya ce wa wani zindiƙi, da wuya ya san cewa a Bagadaza ta zamanin halifa Mahdi kalmar tana nufin mabiyin wani mutum ne mai suna Mani.

An haifi Mani a shekarar 216 kusa da Mada'in, cikin Iraƙi ta yau. Yana ɗan shekara 4 mahaifinsa Patik ya shigar da shi wata ƙungiya mai yawan wankan tsarki. Can ya tashi. Ya yi da'awar cewa wani mala'ika, wanda ya kira abokin tagwaicinsa, ya zo masa yana da shekara 12, ya sake dawowa yana da 24. Daga nan ya bar ƙungiyar, ya yi wa'azi har Indiya, sannan ya dawo Farisa inda sarki Shapur na ɗaya ya ba shi izinin yaɗa koyarwarsa.

Koyarwar ta ginu kan asali biyu, haske da duhu, waɗanda suka gauraya a wannan duniya. Aikin mutum shi ne ƴantar da hasken. Zaɓaɓɓu ba sa aure, ba sa cin nama, ba sa ko tsinke ganye. Sauran mabiya, masu sauraro, su ke ciyar da su.

Mani ya ɗauka cewa saƙon Buda da Zaradusht da Annabi Isa (AS) ya gurɓata ne saboda ba su rubuta shi da hannunsu ba. Don haka ya rubuta littattafansa da kansa, har da na zane-zane. Dabarar ba ta cece shi ba. Malaman Majusawa, ƙarƙashin Kartir, suka zuga sarki Bahram na ɗaya, aka ɗaure shi da sarƙoƙi a Gundeshapur, ya mutu bayan kwana 26, a shekarar 274 ko 277.

Addinin ya kai Sin da arewacin Afirka, amma Rumawa da Farisawa da halifofin Abbasiyya duk sun farauce shi, aka ƙone littattafan. Ƙarni bayan ƙarni masu bincike sun dogara ga abokan gabarsa irin Agustin, ɗan ƙasar Aljeriya ta yau, wanda ya yi shekara 9 cikin addinin kafin ya juya masa baya. Malaman Musulmi biyu, Ibn Nadim mai Fihrist da Biruni, sun fi adalci wajen kawo bayanin.

Sai a farkon ƙarni na 20 Jamusawa suka tono rubuce-rubucen mabiyansa a Turfan, yammacin Sin. A 1929 aka samu wasu a Madinat Madi ta Masar. Labarin ƙuruciyarsa kuwa ya fito ne daga wani ɗan littafi na Girkanci da bai fi kwalin ashana girma ba, wanda aka buɗe shafukansa a 1969, yanzu yana ajiye a jami'ar Kolon ta Jamus.