Muhammadu Bello: Sarkin Musulmin da ya rubuta tarihin ƙasashen Tukururu

A filin tarihi na yau za mu duba rayuwar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ɗan Shehu Usmanu ɗan Fodiyo. Galibi an fi saninsa da sarauta da yaƙi, musamman a nan ƙasar Katsinar Maraɗi da Gobir, inda kakanninmu suka yi ta gwabzawa da dakarunsa. Sai dai mutumin marubucin tarihi ne na gaske, kuma har gobe duk mai binciken yadda Musulunci da ilimi suka bazu a yankinmu sai ya bi ta kan littafinsa.

An haifi Bello a shekarar 1781, ya tashi a Ɗagel cikin ƙasar Gobir, a gidan da karatu shi ne sana'a. Ya yi karatu wajen mahaifinsa da kuma baffansa Abdullahi ɗan Fodiyo, ya ƙware a Larabci da fiƙihu da hadisi. An yi hijira zuwa Gudu a 1804, bayan dangantaka ta ɓaci tsakanin jama'ar Shehu da Sarkin Gobir Yunfa. Daga nan sai ga ɗalibi ya zama sarkin yaƙi. Da shi aka yi Tabkin Kwatto a wannan shekara, shi ya jagoranci cin Alƙalawa a 1808, kuma shi ya gina Sakkwato a 1809. Da Shehu ya rasu a 1817, aka yi masa mubaya'a ya zama Sarkin Musulmi.

To, cikin wannan hidima ne ya samu sukunin rubuta Infaƙul Maisuri, wanda ya kammala a 1812. Littafin tarihin ƙasashen Tukururu ne, wato sunan da Larabawa ke kiran ƙasashen baƙar fata Musulmi na yammacin Afirka da shi. Bello ya fara da bayanin ƙasashen ɗaya bayan ɗaya, tun daga gabas: Wadai, Bagarmi, Barno, Ayar ta Agadas, ƙasar Hausa, ƙasar Yarabawa, har zuwa Songai da Mali. A kowace yana faɗin irin mutanenta da asalinsu da yadda suke riƙe da addini, sannan ya kawo malamanta. Nan ne ya ambaci malaman Katsina irin su Ɗan Marina da Ɗan Masani, ya kuma dogara ga rubuce-rubucen Ahmad Baba na Tumbutu wajen malaman da suka gabata. Wannan sashe ya nuna cewa tun kafin jihadi akwai zaurukan karatu da alƙalai da marubuta daga Tumbutu har Barno, kuma suna sane da juna.

Bello yakan faɗi inda ya samo labari. Misali, zancen asalin Hausa bakwai ya ce daga Sarkin Agadas Muhammadu Baƙiri ya ji shi: wai sarakunan Hausa zuriyar wani bawan Sarkin Barno ne mai suna Bawo, ban da Gobirawa, waɗanda ya ce ƴaƴa ne da suka fito daga Kibɗawan Masar. Masana na yau suna jayayya da wannan labari, amma da yake ya faɗi majiyarsa, ana iya auna maganar a san daga wane ɓangare ta fito.

Sashe mafi girma na littafin kuwa labarin Shehu ne da jihadi, yaƙi bayan yaƙi, daga bakin wanda aka yi da shi. Bai ɓoye ranakun da suka sha kashi ba, kamar Tsuntsuwa da Alwasa, inda malamai da mahaddata da yawa suka kwanta dama. Abin da ya fi jan hankalin masana shi ne wasiƙun da suka yi musaya da Shehu Muhammadu Al-Amin Al-Kanemi na Barno. Al-Kanemi ya tuhumi mutanen Sakkwato da yaƙar ƴan'uwansu Musulmi, yana mai cewa saɓo ba ya fitar da mutum daga addini. Bello ya kwafe hujjojin abokin gardamarsa cikin littafinsa, sannan ya ba da amsa. Da ya ga dama da ya share su, amma ya bar wa na baya su karanta su yi hukunci da kansu.

Bayan tarihi, ya yi rubutu kan mulki da magani. Usulus Siyasa ya rubuta shi ne domin Ummarun Dallaje, Sarkin Katsina na farko a ƙarƙashin tutar Shehu, yana yi masa nasiha kan adalci da kula da manoma da masu sana'a. Sardul Kalami kuma bayanin rikicinsa ne da Malam Abdussalami, almajirin Shehu da ya yi tawaye a farkon mulkinsa. Yana da ƙananan littattafai kan ciwon ido da basur. Da Baturen Birtaniya Kyaftin Kilafaton ya iso Sakkwato a 1824, ya tarar da sarki mai tambaya kan ƙasashen Turai da tsoffin ƙungiyoyin Kirista. Ya tafi da taswira da wani yanki na Infaƙul Maisuri, aka buga fassararsa a Landan a 1826.

Yanzu ga inda abin ya shafe mu. Bayan faɗuwar Birnin Katsina a 1807, gidan sarautar Haɓe ya yo arewa, har Ɗan Kasawa ya kafu a Maraɗi wajen 1819. Daga nan aka ci gaba da fafatawa da Sakkwato. A 1836 Bello da kansa ya fito yaƙin Gawakuke, ya ci nasara kan haɗin gwiwar Gobirawa da Katsinawa da Abzinawa, Sarkin Gobir Ali da Sarkin Katsinar Maraɗi Rauda suka rasa rayukansu. Bayan wannan ne Gobirawa suka kafa Tsibiri. Ke nan mai littafin ɗaya ne daga cikin masu faɗan, kuma yadda ya siffanta sarakunan Haɓe yadda abokin gaba ke kallonsu ne. Labarin ɓangarenmu yawancinsa a baka ya zauna, wajen makaɗan fada da maroƙa da dattawa. Mai neman gaskiya sai ya jera biyun ya gwada.

Bello ya rasu a Wurno a watan Oktoba na 1837, yana da kusan shekara 56, kuma can kabarinsa yake. Littafinsa ya ci gaba da tafiya: wani jami'in mulkin mallaka mai suna Arnet ya fassara shi zuwa Ingilishi a 1922, an buga Larabcinsa a Landan a 1951, aka sake gyara shi aka buga a Rabat ta Maroko a 1996, kuma akwai fassararsa da Hausa.

Ga matasan Madarunfa da ke karatu a jami'ar Ɗan Dikko Ɗan Kulodo ta Maraɗi da makarantun Islamiyya, aikin da ya rage a bayyane yake. Dattawan da suka riƙe tarihin garuruwan bakin tabki da na fadar Maraɗi suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya. A je a zauna da su, a rubuta abin da suka faɗa tare da sunan wanda ya faɗa da inda ya ji shi, kamar yadda Bello ya yi da nasa labaran. Allah ya jiƙan magabata baki ɗaya, amin.