ISMA'ILA BASHA, SARKIN DA YA JINGINAR DA MASAR

Duk wanda ya tashi a karkarar Kafanchan ko Zonkwa ko Kwoi ya san jinginar gona irin ta gargajiya. Mutum ya matsu, ya karɓi kuɗi wurin maƙwabcinsa, ya bar masa gona yana nomawa. Ran da ya mayar da kuɗin, gonarsa ta dawo. Ko an shekara 20 bashin yana nan yadda yake, har jika ma yana iya zuwa ya fanshi gonar kakansa. Jinginar banki kuwa wata aba ce dabam, gama ita bashinta haihuwa yake yi, in kuma biya ya gagara sai a sayar da abin da aka jinginar. Masu neman abinci a Ikko da Badun da Fatakwal, waɗanda ke da burin cin bashi su gina gida a garinsu, za su so su ji labarin wani sarki da ya ɗanɗana jingina irin ta biyun, shi da ƙasarsa baki ɗaya.

An haifi Isma'ila a Alƙahira cikin 1830. Ubansa shi ne Ibrahim Basha, mashahurin mayaƙi, kakansa kuwa Muhammadu Ali, wanda ya kafa gidan sarautar. Ya yi karatu a Faris, ya iya Faransanci, ya kuma komo da sha'awar duk wani abu na Turai. Da fari ba shi ne magaji ba. Wansa Ahmadu ne, amma cikin 1858 taragon jirgin ƙasa ya faɗa kogin Nilu da shi, ya rasu. Saboda haka da baffansa Sa'idu ya rasu a watan Janairu na 1863, sai sarauta ta faɗo kan Isma'ila. Kafin nan an san shi da iya tattalin gonakinsa, har Turawa suna yabonsa cewa mutum ne mai lissafi.

Ya hau gado a kan sa'a. Ana yaƙin basasa a Amurka, audugar can ta daina isa masaƙun Ingila, kuɗin audugar Masar ya ninka kusan sau huɗu. Kuɗi suka yi ta kwarara, masu banki na Landan da Faris suka yi ta zarya a fada suna tallan bashi. Abin da ya gada na bashin waje fam miliyan 3 ne da ɗoriya, ban da ƙananan basussuka. A ganinsa wannan ba kome ba ne.

Amma tun da wuri ɗawainiya ta fara. Annoba ta kashe shanun noma. Rigima kuma ta tashi tsakaninsa da kamfanin da ke haƙa mashigin Suwais, don ya hana a ci gaba da ba kamfanin talakawa suna yi masa aikin tilas. Aka kai ƙara gaban Sarkin Faransa, Napoleon na Uku, alhali kamfanin na Faransawa ne. Ba sai an faɗi inda hukunci ya karkata ba: cikin 1864 aka ce Masar ta biya diyyar faran miliyan 84, watau fam miliyan 3 da wani abu. A shekarar ya ci bashinsa na farko. Cikin 1865 yaƙin Amurka ya ƙare, kuɗin auduga ya faɗi warwas, amma abin da ake biya duk shekara bai ragu da ko anini ba. Manoman citta na Kaciya da Kwoi, waɗanda cuta ta cinye musu amfanin gona a daminar 2023, sun san wannan hali. Amfani ya tafi, mai bin bashi yana bakin ƙofa.

Isma'ila bai ja da baya ba. Da auduga ta ƙi, sai ya koma ga rake. Ya yi ta sayen gonaki, har shi da iyalinsa suka mallaki kusan eka miliyan ɗaya, wajen kashi ɗaya cikin biyar na ƙasar noma ta Masar, ya kakkafa masana'antun sukari, ya haƙa babbar hanyar ruwa ta Ibrahimiyya don ban ruwa. Waɗannan gonaki su ya jinginar cikin 1865 da 1867 da 1870 ya karɓi kuɗi. Ya kashe dukiya mai yawa a Istambul, ya yarda a ninka gaisuwar da Masar ke kai wa Sarkin Turkiyya duk shekara, don a mayar da gadon sarauta ga babban ɗansa, a kuma ba shi laƙabin Hidiwi, wanda ya samu cikin 1867.

Ba daidai ba ne a ce duk a shagali ya zubar da kuɗin, ko da yake ya yi shagalin. Ya shimfiɗa hanyar jirgin ƙasa ta ɗaruruwan mil, ya ja wayar tangaraho har Sudan, ya gyara tashar jiragen ruwa ta Iskandariya, ya buɗe makarantu, cikinsu har da makarantar gwamnati ta 'yan mata ta farko cikin 1873, ya kafa babban ɗakin karatu na ƙasa cikin 1870. Tsakiyar Alƙahira mai faffaɗan tituna aikinsa ne. Ran 17 ga Nuwamba 1869 aka buɗe mashigin Suwais, ya gayyato matar Sarkin Faransa da Sarkin Ostiriya da ɗaruruwan manyan baƙi, ya ɗauke musu ci da sha da masauki. Ya kuma tura rundunoni kudu. Cikin 1874 Zubairu ya ci masa Darfur, kuma cikin yaran Zubairun nan akwai wani Rabe, wanda daga baya ya yiwo yamma ya ci Barno cikin 1893. Yaƙin Habasha ne ya zame masa asara tsagwaronta, aka fatattaki sojansa sau biyu, cikin 1875 da 1876.

To, inda gizo ke saƙar shi ne yadda ake rubuta bashin. A takarda ruwan yawancin basussukan kashi 7 ne cikin ɗari, abin da mai ji zai ce da sauƙi. Amma ba a taɓa ba shi cikakken abin da aka rubuta ba. Masu banki sukan sayar da takardar bashin fam 100 a kan fam 80 ko 70, su kuma zare la'adarsu, shi kuwa ya biya ruwa a kan fam 100 ɗin cif, ya kuma mayar da fam 100. Cikin 1868 an rubuta masa kusan fam miliyan 12, abin da ya shigo hannu miliyan 7 ne da kaɗan. Cikin 1873 aka rubuta miliyan 32, ya karɓi wajen miliyan 20, wani sashe ma ba tsabar kuɗi ba ne, tsofaffin takardun bashin gwamnatinsa ne da darajarsu ta zube aka mayar masa. Ruwan kashi 7 a kan miliyan 32 ya kama miliyan 2 da dubu 240 a shekara. In aka auna shi da abin da ya shigo hannu, ruwan ya haura kashi 11. A dunƙule, daga 1862 zuwa 1873 an rubuta wa Masar bashin fam miliyan 68 da rabi, abin da ta gani kuwa wajen kashi biyu cikin uku ne.

Wannan lissafi bai tsufa ba, kuma mai neman bashin gina gida zai iya gwada shi da fensir. A ce mutum ya jinginar da takardar filinsa a Kafanchan ya karɓi naira miliyan 10 a kan ruwa kashi 20, irin wanda ba baƙo ba ne a bankunan kasuwa, zai biya cikin shekara 20. Duk wata zai kai kusan naira 169,900. A watan farko, wajen 166,700 daga ciki ruwa ne, abin da ya taɓa uwar kuɗi bai wuce 3,200 da 'yan kai ba. Bayan shekara 10 ya biya fiye da miliyan 20, amma har yanzu ana binsa kusan miliyan 8 da dubu 800. Ran da ya gama, ya zuba miliyan 40 da ɗoriya. Ko da ruwa mai sauƙi ne na kashi 6 cikin shekara 30, irin wanda aka tsara wa masu zubi a asusun gidaje na ƙasa da aka kafa cikin 1992, miliyan 10 ɗin sai ta koma miliyan 21 da rabi. Ba a sa kuɗin lauya da na mai kimanta gida da inshora da neman amincewar Gwamna, wadda dokar filaye ta 1978 ta wajabta, a cikin wannan lissafi ba, su kuwa tun kafin a aza tubali ɗaya ake cire su.

Shi Isma'ila, da ruwa ya fara fin ƙarfinsa, sai ya shiga cin sabon bashi don ya biya ruwan tsoho. Cikin 1871 ya fito da wata doka, cewa duk mai gonar da ya biya harajin shekara shida gaba ɗaya za a yafe masa rabin haraji har abada. Kuɗi sun shigo nan take, amma baitulmali ya yi asarar abin da zai riƙa samu kowace shekara, watau an ci iri tun kafin shuka.

A watan Nuwamba na 1875 ya taɓa abin da ya fi kome daraja. Masar tana da hannun jari 176,602 a kamfanin Suwais, wajen kashi 44 cikin ɗari. Firayim Ministan Ingila, Disraeli, ya ranto kuɗi daga gidan Rothschild ya saye su a kan kusan fam miliyan 4. Amma akwai lauje cikin naɗi. Tun 1869 Isma'ila ya riga ya jinginar wa kamfanin ribar waɗannan hannayen jari har zuwa 1894. Tun da Ingila ba za ta sami riba ba kafin lokacin, sai aka ɗora wa Masar biyan ta kashi 5 cikin ɗari duk shekara, watau wajen fam dubu 200. Cikin shekara 19 abin ya tasam ma miliyan 4. Ashe ke nan Masar ta mayar da kusan dukan kuɗin da aka ba ta, mashigin kuma ya tafi.

Kuɗin ma ba su kai ko'ina ba. Wani Bature mai suna Stephen Cave, wanda Ingila ta aiko ya duba littattafan baitulmali, ya gano cewa in aka ɗebe abin da aka kashe a mashigin Suwais, sauran kuɗin bashin duk ruwa da biyan tsofaffin basussuka ne suka lanƙwame su. A watan Afrilu na 1876 Masar ta kasa biya. Da aka tattara basussukan sai suka kama fam miliyan 91. Aka kafa hukumar Turawa mai karɓar kuɗin shiga kai tsaye don masu bin bashi. Ministan kuɗinsa, Isma'ila Siddiƙ, ɗan'uwansa na shan nono, wanda ya san sirrin kowane kwabo, aka kama shi a ƙarshen shekarar, ba a sake ganinsa ba.

Nauyin kuwa a wuyan talaka ya sauka. Cikin 1877 kuɗin shiga na ƙasar wajen fam miliyan 9 da rabi ne, masu bin bashi suka kwashe kusan miliyan 7 da rabi. A shekarar Nilu bai kawo ruwa sosai ba, yunwa ta faɗa wa kudancin ƙasar cikin 1878, amma masu karɓar haraji suna bin ƙauyuka da bulala don kada ranar biya ta wuce. Manoma suka ruga wurin masu ba da rance da ruwa. Sababbin kotunan haɗin gwiwa da aka buɗe cikin 1876 sun zo da dokar jingina irin ta Turai, wadda ta halatta a sayar da gonar wanda ya kasa biya, abin da manomin Masar bai saba da shi ba. Gonaki suka yi ta suɓucewa. Sai cikin 1912 aka yi dokar hana ƙwace gonar ƙaramin manomi wadda ba ta wuce eka biyar ba.

Cikin 1878 aka tilasta wa Isma'ila da iyalinsa su sallama gonakinsu ga gwamnati, aka jinginar da fiye da eka dubu 425 ga gidan Rothschild a kan fam miliyan 8 da rabi, abin da ya shigo hannu kuwa wajen miliyan 6 ne. Aka naɗa Baturen Ingila ministan kuɗi, Bafaranshe ministan ayyuka. Da aka rage wa hafsoshin soja albashi suka yi bore, sai ya ga dama ta samu, ya kori ministocin nan biyu a watan Afrilu na 1879. Ƙasashen Turai suka matsa wa Sarkin Turkiyya Abdulhamid. Ran 26 ga Yuni waya ta iso daga Istambul, a kan adireshinta an kira shi tsohon Hidiwi. Da haka ya san an tuɓe shi, an naɗa ɗansa Taufiƙ.

Ya shiga jirgin ruwansa ya tafi Italiya, daga baya aka bar shi ya zauna a Istambul, inda ya zama kamar ɗaurarre a cikin gidansa na bakin ruwa. A can ya rasu ran 2 ga Maris 1895, aka kawo gawarsa Alƙahira aka binne a masallacin Rifa'i.

Bashin ya daɗe bayansa. Cikin 1880 aka sayar da kashi 15 na ribar mashigin da ya rage wa Masar a kan faran miliyan 22. Cikin 1882 sojan Ingila suka shiga ƙasar bayan tawayen Ahmadu Urabi, ba su gama fita ba sai 1956, shekarar da Jamal Abdul Nasir ya mayar da mashigin hannun Masar. Gonakin raken da ya jinginar, an sayar da su ga wani kamfani cikin 1898. Bashin Rothschild na 1878 an gama biyansa wajen 1913, hukumar Turawa masu karɓar bashi kuwa ba a rushe ta ba sai 1940, shekara 45 bayan rasuwarsa.