Henry Gleditsch: Ɗan wasan kwaikwayon da 'yan Nazi suka harbe a matsayin kaffara

Ranar Talata, 6 ga Oktoban 1942, mutanen Trondheim, birni na uku a girma a ƙasar Norway, suka wayi gari a ƙarƙashin dokar ta-ɓaci. An hana fita daga ƙarfe 8 na dare zuwa 5 na asuba, an hana taro, sojojin Jamus da 'yan sanda sun cika tituna. A gidan wasan kwaikwayo na birnin kuwa ana ta shirye-shiryen fara nuna wani tsohon wasa na Henrik Ibsen mai suna Vildanden, wato Agwagwar Daji. Shugaban gidan, Henry Gleditsch, shi ne zai fito a matsayin Likita Relling. A ranar aka kama shi, kuma kafin gari ya sake wayewa an harbe shi a cikin wani daji, shi da mutum tara. Saura wata ɗaya da 'yan kwanaki ya cika shekara 40.

Ba a gurfanar da shi gaban kowace kotu ba, ko ta jeka-na-yi-ka. Ba a ce ya ɗauki bindiga ba, ba a ce ya dasa nakiya ba. Su kansu masu mulkin mamaya ba su ɓoye dalilinsu ba: sun kira mutanen goma hadayar kaffara, wato waɗanda za su biya da ransu laifin da wasu suka aikata a wani wuri mai nisa. Abin tambaya a nan shi ne yadda aka yi sunan mai ba mutane dariya ya shiga irin wannan jeri, tare da lauyoyi da shugaban banki da mai jiragen ruwa.

An haifi Henry Cochrane Williamsen Gleditsch ranar 9 ga Nuwamban 1902 a Kristiania, birnin da aka mayar wa tsohon sunansa na Oslo a 1925. A lokacin Norway tana haɗe da Sweden a ƙarƙashin sarki ɗaya. Yana ɗan shekara biyu da wani abu ƙasar ta ɓalle ta tsaya da ƙafarta, a 1905. Da ƙuruciyarsa ya yi wasan zamiya a kan dusar ƙanƙara a ƙungiyar Lyn, abin da ba baƙo ba ne ga samarin ƙasar. Ya fara hawa dandamali a 1923. A 1932 ya auri Synnøve Tanvik, wadda ita ma 'yar wasa ce.

Shekarun da ya yi yana tashe sun zo daidai da lokacin da fim ya fara magana. Fim ɗin Norway na farko mai sauti ya fito a 1931, kuma ɗaya daga cikin waɗanda suka ba da umarninsa shi ne Tancred Ibsen, jikan marubucin nan da wasansa zai zama na ƙarshe a rayuwar Gleditsch. Masana'antar fim ta ƙasar ƙarama ce ƙwarai a wancan zamani, fina-finan da ake yi a shekara ba su wuce a ƙirga da yatsu ba, don haka babu ɗan wasan da zai dogara da ita ya ci abinci. Gleditsch ya fito a wasu fina-finai a shekarun 1930, amma dandamali ne gidansa. Da a ce a nan labarinsa ya tsaya, da yau sai masu tonon tarihin fim kawai za su san sunansa.

Abin da ya sauya matsayinsa shi ne aikin da ya ɗauko a 1937. Trondheim tana da ginin wasan kwaikwayo tun 1816, wanda shi ne mafi tsufa da har yanzu ake amfani da shi a Norway, amma ta yi shekaru babu tsayayyar ƙungiyar 'yan wasa a cikinsa, sai baƙi masu zuwa su wuce. Gleditsch ya kafa Trøndelag Teater, ya zama shugabansa na farko yana ɗan shekara 34. Riƙe gidan wasa a birnin da ba hedikwatar ƙasa ba aiki ne na mai taurin rai: shi ne mai neman kuɗi, shi ne mai zaɓen wasannin da za a nuna, shi ne mai rarrashin 'yan wasa, sannan da dare ya shafa kwalliya ya hau dandamali kamar kowa. A cikin 'yan shekaru ya zama fuskar da duk ɗan birni ya sani. Wannan sanuwar ce daga baya ta zame masa sanadi.

Ranar 9 ga Afrilun 1940 jiragen ruwan yaƙin Jamus suka kutsa mashigin tekun Trondheim, birnin ya faɗa hannunsu kusan ba tare da faɗa ba. Sarki Haakon na Bakwai da gwamnatinsa suka ƙi miƙa wuya, suka koma Landan a watan Yuni. Hitler ya naɗa Josef Terboven ya zama kwamishinansa mai cikakken iko a kan ƙasar, yayin da Vidkun Quisling da jam'iyyarsa ta Nasjonal Samling suka zama 'yan koren cikin gida. Trondheim ba ƙaramin muhimmanci gare ta ba a wurin Jamusawa. A nan suka gina katafariyar maɓoyar jiragen yaƙi masu nutso da ake kira Dora, kuma daga farkon 1942 babban jirgin yaƙinsu Tirpitz yana fake a wani lungun teku kusa da birnin. Gari irin wannan ba a yarda a ji ko tari a cikinsa ba.

Sabuwar gwamnati ta fahimci darajar 'yan wasa tun da wuri. Ta kafa ma'aikatar al'adu da wayar da kai a ƙarƙashin Gulbrand Lunde, ta kuma nemi sanannun muryoyi su riƙa fitowa a gidan rediyon da ta ƙwace, domin jama'a su ga kamar rayuwa tana tafiya yadda aka saba. 'Yan wasa suka ƙi. A watan Mayun 1941 aka janye wa shida daga cikinsu izinin aiki a Oslo, sai sauran suka ajiye aiki ranar 21 ga watan, kuma nan da nan yajin ya bazu zuwa Bergen da Trondheim. Ya ɗauki mako biyar kafin a karya shi da kame da barazana. Daga nan aka ɗora wa gidajen wasa hukuma ta musamman mai tace abin da za a nuna.

Sai dai mai tacewa takarda yake karantawa, ita kuwa takarda ba ta nuna inda ɗan wasa zai ɗan dakata, ko yadda zai ɗaga gira, ko gefen da zai kalla sa'ad da yake furta wata kalma. A ƙasar da aka rufe bakin jaridu, aka kuma ƙwace akwatunan rediyo daga hannun jama'a a 1941, zauren wasa ya zama ɗaya daga cikin wurare kaɗan da ɗaruruwan mutane za su zauna tare a cikin duhu su gane cewa tunaninsu ɗaya. Jimlar da aka rubuta shekara hamsin da suka wuce kan iya zama habaici a daren nan, kuma wanda ya yi tsami da ita ya tona kansa. A wannan fage Gleditsch ya yi suna. Salonsa na zambo da shaguɓe ne, ya yi ta tsokanar masu mulki da shi, su kuma suna ji suna ƙullata. Dariya ba ta da shugaban da za a kama, amma mai jawo ta yana da suna da adireshi.

Mutane sun gargaɗe shi. An ba shi shawarar ya tsallaka Sweden, wadda ba ta shiga yaƙin ba, kuma iyakarta ba ta da nisa daga Trondheim. Dubban 'yan Norway sun bi ta duwatsu da dazuzzuka sun tsira ta wannan hanya, ga shi kuma gwanin tafiya a kan ƙanƙara ne tun yana saurayi. Bai tafi ba. Yana da sauƙi a yau a kira wannan jarumtaka a wuce, amma ya kamata a tuna abin da ke gabansa: shugaban da ya gudu ya bar ma'aikatansa a hannun waɗanda za su huce a kansu, ya kuma miƙa gidan da ya gina ga wanda jam'iyya za ta naɗa. Haka kuma ba za a ce bai san irin mutanen da yake wasa da su ba. Tun Satumban 1941 Terboven ya kafa dokar ta-ɓaci a Oslo saboda yajin aikin ma'aikata, aka harbe jagororin ƙwadago biyu, Viggo Hansteen da Rolf Wickstrøm.

Shekarar 1942 ta zo da zafi. Ranar 1 ga Fabrairu aka naɗa Quisling shugaban gwamnati, kuma a ranar 'yan sanda suka tare ƙofar babbar majami'ar Nidaros da ke Trondheim, jama'a suka tsaya a waje cikin tsananin sanyi suna waƙar ibada. Kafin watan ya ƙare manyan limaman cocin ƙasar suka ajiye muƙamansu na gwamnati. A watan Maris aka kama malaman makaranta fiye da dubu saboda sun ƙi shiga ƙungiyar da jam'iyya ta kafa musu. A watan Afrilu aka ƙone ƙauyen Telavåg ƙurmus bayan an kashe jami'an Gestapo biyu a can. Sannan a watan Satumba aka yi musayar wuta tsakanin Jamusawa da 'yan gwagwarmaya a Majavatn, inda ake ɓoye makamai, kuma wasu sojojin ƙundumbala da suka taso daga Birtaniya suka tarwatsa tashar wutar lantarki ta Glomfjord. Duka wuraren biyu suna can arewa, nesa da Trondheim. Amma a Trondheim Terboven ya zaɓi ya rama.

Ya zo birnin da kansa, ya tsaya a babban dandali ya yi jawabi, yana cewa zai murƙushe waɗanda ke juya al'amura daga bayan fage. Sunayen da aka tattara sun nuna abin da yake nufi. Akwai Harald Langhelle, editan jarida kuma ɗan siyasar jam'iyyar ma'aikata. Akwai lauyoyi Otto Skirstad da Bull Aakran, da shugaban banki Gunnar Birch, da mai jiragen ruwa Per Lykke, da ɗan kasuwa Bayahude Hirsch Komissar. An tsinko mutum daga kowane ɓangare na gari, ta yadda babu gidan da zai ce bai san ko ɗaya daga cikinsu ba. Baƙon da ya zo daga Jamus ba zai iya haɗa irin wannan jeri shi kaɗai ba, sai da ɗan gari. Henrik Rogstad, shugaban jam'iyyar Quisling a yankin, yana da hannu a zaɓen sunayen.

Da yamma aka yi shela ta lasifika a dandalin cewa an riga an kashe mutanen goma. Shelar ta riga aikin. A daidai lokacin, takwas daga cikinsu suna tsare da ransu a Misjonshotellet, otal ɗin da Gestapo ta mayar hedikwatarta, 'yan taku kaɗan daga dandalin. Daga baya aka zuba su a mota aka nufi Falstad, wata tsohuwar makarantar horar da kangararrun yara da aka mayar sansanin fursunoni, a arewa maso gabashin birnin. A dajin da ke kusa da sansanin aka ɗaure musu idanu aka harbe su a bakin rami.

Likita Relling, wanda Gleditsch bai samu ya fito a matsayinsa gaban jama'a ba, shi ne mutumin da a cikin wasan yake ganin cewa talaka yana buƙatar wata 'yar ƙarya da zai jingina da ita kafin ya iya jure rayuwa. Ibsen ya rubuta wasan a 1884.

Kisan bai tsaya a kan mutum goma ba. A kwanakin da suka biyo baya wata kotun soja ta gaggawa ta yanke wa wasu 24 hukuncin kisa, akasarinsu mutanen yankin Majavatn, adadin ya kai 34 kafin a ɗage dokar ranar 12 ga Oktoba. A cikin wannan mako ne kuma aka kame mazan Yahudawan Trondheim aka kai su Falstad. Wannan ɓangare na labarin shi ne aka fi saurin tsallakewa, alhali shi ne ya share fagen abin da ya biyo baya: ranar 26 ga Oktoba aka yi irin wannan kame a duk faɗin ƙasar, da taimakon 'yan sandan Norway, sannan ranar 26 ga Nuwamba jirgin ruwa mai suna Donau ya tashi daga Oslo ɗauke da Yahudawa 532 a kan hanyarsu ta zuwa Auschwitz.

Waɗanda suka tsara makon ba su yi nisan kwana ba. Terboven ya tarwatsa kansa da nakiya ranar 8 ga Mayun 1945, ranar da Jamus ta miƙa wuya. Bayan kwana biyu Rogstad ya kashe kansa, don haka babu alƙalin da ya samu damar tambayarsa yadda aka zaɓi sunayen. An harbe Quisling ranar 24 ga Oktoban 1945 bayan shari'a. Gerhard Flesch, shugaban 'yan sandan tsaro na Jamus a Trondheim, an yanke masa hukuncin kisa, aka zartar a 1948.

Trøndelag Teater yana nan yana aiki, kuma tsohon zauren 1816 yana cikin ginin. Falstad ta zama cibiyar tunawa da tarihi da koyar da haƙƙin ɗan Adam tun 2006. Mutum fiye da 200 aka kashe a dajinta a lokacin yaƙin, mafi yawansu fursunoni 'yan Tarayyar Sobiyet da Yugoslabiya, da dama ba a ma san sunayensu ba. A kwanakin ƙarshe na mamayar, Jamusawa sun tone wasu kaburburan, suka loda gawarwakin a jirgin ruwa, suka nutsar da su a mashigin tekun Trondheim.