Djibril Diop Mambety: Mai Shirya Fim Ɗan Colobane

An haifi Djibril Diop Mambety a shekarar 1945 a Colobane, wata unguwa da ke gefen birnin Dakar na ƙasar Sanagal. Mahaifinsa limami ne. Tun yana saurayi ya shiga wasan kwaikwayo a gidan wasanni na Daniel Sorano, amma zaman bai ɗore ba, don an sallame shi bisa zargin rashin ɗa'a. Daga nan ya rungumi shirya fim, alhali bai taɓa shiga makarantar koyon wannan sana'a ba.

Kafin a fahimci aikinsa, wajibi ne a san tarihin Dakar. A 1914, bayan ɓarkewar annoba, Faransawa suka kafa unguwar Medina, suka tura baƙar fata can nesa da Plateau, wato unguwar Turawa. Da aka sami 'yanci a 1960, sai aka shiga sauya sunayen wurare: dandalin Protet ya koma Dandalin 'Yanci. Sai dai kuma sauya suna bai kawar da tazarar da ke tsakanin masu hali da talakawa ba.

Wannan tazara ce jigon gajeren fim ɗinsa na farko, Contras' City, na ƙarshen shekarun 1960. Babu jarumi a cikinsa, babu labari mai farko da ƙarshe. Birnin kansa aka sa a gaba, ana jera gine-ginen mulkin mallaka da titunan talakawa, wasu muryoyi biyu suna yi musu shaguɓe. Badou Boy ya biyo baya a 1970, sannan Touki Bouki a 1973, labarin saurayi da budurwa masu mafarkin tsallakawa Faris.

Bayan dogon shiru, ya fito da Hyènes a 1992. A nan ya ɗauki sunan Colobane ya laƙaba wa wani matalaucin gari wanda mutanensa suka sayar da mutuncinsu saboda dukiya. Ta haka sunan mahaifarsa ya zama ishara ga duk al'ummar da kwaɗayi ya ci.

Ya rasu a Faris ran 23 ga Yuli, 1998, bai kammala jerin gajerun finafinai uku da ya ƙudura yi kan talakawa ba. Biyu suka samu: Le Franc a 1994, da La Petite Vendeuse de Soleil wanda ya fito a 1999. Colobane kuwa, tuni birnin Dakar ya haɗiye ta.