Sarkin Da Aka Kai Tsibiri

Karatu: Ibraniyawa 11:13-16

Wanda ya taso daga Kwadaso zuwa cikin Kumasi bai yi nisa da Bantama ba. A nan ne dā ake ajiye ƙasusuwan sarakunan Asante, waɗanda Hausawa ke kira Tonawa. Sarki mai ci yakan je ya kai wa kakanninsa hadaya, wani lokaci har da jinin mutum.

Wannan gadon ne Prempeh na Ɗaya ya tarar da ya hau kujera a 1888, yana saurayi. A Janairun 1896 rundunar Ingila ta shigo Kumasi, cikinta har da sojojin Hausa. Prempeh ya hana mutanensa yaƙi don kada a hallaka gari. Duk da haka aka kama shi tare da mahaifiyarsa, Yaa Akyaa, aka rushe hubbaren Bantama. Daga Elmina aka kai shi Saliyo, a 1900 kuma sai tsibiran Seshel, can cikin Tekun Indiya.

A can ya koyi karatu da rubutu, ya ji bishara. A 1904 aka yi masa baftisma a ikilisiyar Angilikan, ya ɗauki suna Edward. Amma sai a 1920 aka tabbatar da shi, bayan ya daidaita zancen matansa ya ɗaura aure da mace ɗaya. Shekara 16 ke nan! Wasu masu tarihi suna ganin neman hanyar komawa gida ne ya sa ya bi addinin waɗanda suka tsare shi. Mai yiwuwa da haka a ciki, Allah ne masanin zuciya. Sai dai abin lura shi ne, da ya samu komawar bai ajiye bangaskiyar a bakin teku ba.

Ya dawo a Nuwamban 1924 ba sarauta, bayan shekara 28. A 1926 aka yarda ya zama sarkin Kumasi kaɗai. Mutane suna jiran ya riƙe al'adun kakanni, ikilisiya kuma tana kallonsa, ya yi ta fama tsakanin biyun. Ya ci gaba da zuwa sujada, ya kuma sa aka dawo da ƙasusuwan waɗanda suka mutu a Seshel, har da na mahaifiyarsa. Ɗansa John ya zama limamin Angilikan.

Prempeh ya rasu a Kumasi ranar 12 ga Mayu, 1931.