Solomon Mikhoels: Ɗan Wasan da Ya Zama Bakin Jama'arsa

A darasin adabi mun saba jin cewa mawaƙi da ɗan wasa su ne rumbun tarihin al'umma. Na zaɓi kawo tarihin Solomon Mikhoels ne domin shi wannan aikin ne ya ci ransa.

An haife shi a shekarar 1890 a garin Dvinsk, wanda yanzu ake kira Daugavpils a ƙasar Latbiya. Ya fara karatun lauya, sai ya bari ya shiga ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Yahudawa, wadda ta koma Mosko a 1920. A 1929 ya zama shugabanta. Da harshen Yidish suke wasa, wato harshen Yahudawan gabashin Turai, ɗan'uwan Jamusanci, wanda ake rubutawa da baƙaƙen Ibrananci kamar yadda ake rubuta Hausa da ajami. A 1935 ya fito a matsayin Sarki Lear na Shakespeare cikin Yidish, har waɗanda ba sa jin harshen suka riƙa zuwa kallo. Ni da na tashi a Potiskum ina jin Ngizimanci a gida, Hausa a kasuwa, na san darajar a ga harshen gida a dandali.

Da Jamus ta auka wa Tarayyar Sobiyet, gwamnati ta naɗa shi shugaban kwamitin Yahudawa masu adawa da 'yan Nazi. A 1943 ya zagaya Amurka, Meziko, Kanada da Ingila yana neman taimakon yaƙi. Wannan kwamiti ya sa hannu wajen tattara shaidun waɗanda suka tsira daga kisan kiyashi, domin a buga su a littafin da aka sa wa suna Baƙin Littafi. Marubuta Ilya Ehrenburg da Vasily Grossman ne suka tsara shi. Waɗanda suka rasa gida da dangi kuwa, wurin Mikhoels suke kai kukansu. A 1945 ya shirya wasan Freylekhs, wanda ya haɗa jimamin mamata da shagalin aure, don a nuna cewa jama'ar ba ta ƙare ba.

Wannan farin jini bai yi wa Stalin daɗi ba. A 1947 aka hana buga littafin. A watan Janairun 1948 jami'an tsaro suka kashe Mikhoels a Minsk bisa umarnin Stalin, aka ce haɗarin mota ne, aka kuma yi masa jana'izar girmamawa. A 1949 aka rufe gidan wasan, sannan ranar 12 ga Agusta 1952 aka harbe mutum 13 na kwamitin, ciki har da abokin wasansa Benjamin Zuskin.

Amma shaidun ba su salwanta ba. An buga Baƙin Littafi cikin Rashanci a birnin Ƙudus a 1980. Saboda haka ina kira ga 'yan'uwana ɗalibai da mu naɗi waƙoƙi da labaran tsofaffinmu tun suna raye.