Johann Martin Bernatz (1802–1878): Mai Zanen Kano da Bai Taɓa Ganin Kano Ba

Da wuya a sami mai nazarin tarihin ƙasar Hausa da bai taɓa cin karo da hoton nan na birnin Kano daga kan dutsen Dala ba, wanda ke ɗauke da kwanan watan 10 ga Fabrairu, 1851. An sha buga shi a littattafan tarihi da bangon kundayen bincike, kuma galibi da sunan Heinrich Barth ake danganta shi, wato matafiyin nan Bajamushe da aka sani a ƙasashen nan da suna Abdulkarim. Amma rubutun da ke ƙasan hoton a bugun asali ya ambaci mutum na biyu, Johann Martin Bernatz, wanda ya fitar da hoton daga ɗan zanen da Barth ya yi a hanya. Wannan mutum bai taɓa taka ƙasar Hausa ba.

An haifi Bernatz ranar 22 ga Maris, 1802, a garin Speyer da ke bakin kogin Rhine. A lokacin garin yana hannun Faransa, sai a 1816 ya koma ƙarƙashin masarautar Bavaria, abin da ya sa birnin Munik ya zama alƙiblar matasan yankin masu neman sana'a. Da ilmin gini ya fara, a birnin Biyana, kafin ya karkata ga zane, sannan ya tare a Munik wajen ƙarshen shekarun 1820. Wannan mafari ya bar tabo a aikinsa har ƙarshen rayuwarsa. Mutum ne mai kula da tsayin bango da faɗin ƙofa da yadda gini ke zaune a kan ƙasa, kuma ya fi ƙarfi a nan fiye da wajen fitar da fuskar ɗan Adam.

Munik ta wancan zamani ita ce mahaifar fasahar bugun dutse, wadda Alois Senefelder ya ƙago a ƙarshen ƙarni na 18. Ana yin zane da alli mai maiƙo a kan shafaffen dutsen farar ƙasa, irin wanda ake haƙowa a Solnhofen, sai a jiƙa dutsen da ruwa. Tunda ruwa da mai ba sa haɗuwa, tawada mai maiƙo takan kama wurin zanen kaɗai, sannan a danna takarda a kai. In ana son launi fiye da ɗaya, kowane launi da nasa dutsen. Kafin hoton kyamara ya shiga littattafai, wannan ce babbar hanyar da mutanen Turai ke ganin kamannin ƙasashe masu nisa, don haka mai zanen da ya iya kwaikwayon abu yadda yake, ba ƙari ba ragi, yana da kasuwa wajen masana da matafiya.

Ta wannan ƙofa Bernatz ya shiga duniya. A 1836 da 1837 ya raka masanin nan Gotthilf Heinrich von Schubert zuwa Masar da Sina'i da Falasɗinu, aka buga zane-zanensa na tafiyar a Stuttgart a 1839. Tafiya ta biyu ta fi wuya. A 1841 gwamnatin Ingila da ke Indiya ta tura tawaga ƙarƙashin William Cornwallis Harris zuwa fadar Sahle Selassie, sarkin Shewa a Habasha, aka ɗauki Bernatz a matsayin mai zane tare da Johannes Roth, masanin halittu da suka yi tafiyar farko tare. Hanyar ta tashi daga tashar Tajura, ta ratsa ƙasar Afar mai tsananin zafi da tafkin gishiri na Assal, ta hau tsaunuka zuwa Ankober. Sai a 1843 tawagar ta fito. Abin da ya tara a can ya fito a 1852 cikin babban littafin hotuna mai suna Scenes in Ethiopia, kuma shi ne aikin da ya gani da idonsa ya kuma zana da hannunsa. A nan ne ya koyi zanen raƙumi da ayari da hasken rana a busasshiyar ƙasa.

Saboda haka da Barth ya koma Turai a 1855, bayan fiye da shekara biyar yana yawo tsakanin Tarabulus da Agadas da Borno da Tambutu, ba a yi dogon nema ba wajen samun wanda zai gyara zane-zanensa. Barth masanin tarihi da harsuna ne, mai kaifin lura, amma zane ba sana'arsa ba ce. Littafin tafiyarsa ya fito a mujalladi biyar a 1857 da 1858, na Jamusanci daga maɗaba'ar Justus Perthes a Gotha, na Ingilishi daga Longman a Landan, da hotuna masu launi guda 60. A bugun Landan kamfanin M. & N. Hanhart ne ya ɗora su a dutse. Ke nan hoton Kano ya bi ta hannu uku kafin ya iso ga mai karatu: wanda ya gani, da wanda ya ƙawata, da wanda ya buga.

A nan ne mai nazari ya kamata ya tsaya. Barth ya shiga Kano ranar 2 ga Fabrairu, 1851, daga Katsina ta Kusada da Bichi, a zamanin Sarki Usman ɗan Ibrahim Dabo, ya sauka a unguwar Dala, zazzaɓi na damunsa. Bayanin da ya rubuta game da kamannin birnin ya ambaci gidajen ƙasa gauraye da bukkoki, da filayen kiwo a cikin gari, da kududdufai, da itatuwan gwanda da dabino, kuma ya ƙiyasta mazauna birnin da 30,000. Inda hoton ya dace da wannan bayani, shaida biyu ne daga ido ɗaya, ana iya dogara da shi wajen maganar tsarin gari da cakuɗuwar soro da jinka. Amma launi da inuwa da yanayin sararin sama da tsayuwar mutane, waɗannan fagen mai zane ne, kuma mai zanen nan idonsa a Sina'i da Shewa ya sha horo. Wanda ya kafa hujja da hoton a kan irin naɗin rawanin Kanawa ko launin jan ƙasar Dala ya ɗora wa hoton kayan da ba zai iya ɗauka ba. Wannan ba zargin rashin gaskiya ba ne ga Bernatz. Ya cike gurbi da abin da ya sani, kamar yadda mai kwafar littafi kan cike kalmar da gara ta cinye.

Wani abin lura shi ne, a shekarun da ake wannan aiki akwai Bahaushe a Turai da ya san Kano da ƙafarsa, wato Dorugu, wanda ya biyo Barth tare da Abbega. Nasa bayanin da baki ya bayar, J. F. Schön ya rubuta shi da Hausa, ya shiga Magana Hausa a 1885. Karanta labarin Dorugu kusa da hotunan Bernatz aiki ne da zai amfani ɗalibai, domin tafiya ɗaya ce ta haifi su biyun.

Bayan littafin Barth, sunan Bernatz ya zauna a matsayin wanda ake kai wa zanen matafiya ya mayar da shi hoton bugawa. Shi ya fitar da zane-zanen Wilhelm von Harnier, wanda ɓauna ta kashe a yankin Farin Nilu a 1861, aka buga su da launi a 1866. Bai sake komawa Afirka ba. Ya rasu a Munik ranar 19 ga Disamba, 1878, yana da shekara 76.